Motar kara, Samanja, da kayan wasan da ba wanda ya adana

1/
Zare ne mai ɗan tsawo, a yi haƙuri da ni. Magana ce a kan kayan wasan yara da talabijin. Ra'ayina a taƙaice: motar kara da motar langa-langa da 'yar tsanar da yaran ƙasar Musawa suka yi da hannunsu kayan tarihi ne, sun cancanci a tara su a adana kamar yadda ake adana takobi da sulke, kuma lokacin yin hakan ya kusa ƙure mana.

2/
A watan Agusta na 2024 an yi gwanjon wani ɗan mutum-mutumin roba a Amurka, tsawonsa bai wuce ɗan yatsa da ɗan ɗoriya ba, aka saye shi a kan dala miliyan 1 da dubu 342. Sunansa Boba Fett, na labarin Star Wars. Kamfanin Kenner ne ya ƙera samfurinsa a 1979. Ku lissafa kuɗin da naira, ku ga buhun masara nawa ne a kasuwar Funtua.

3/
Me ya sa ya yi wannan tsada? Saboda ba a taɓa fitar da shi kasuwa ba. An yi shi da ɗan makami a baya wanda yake harbawa idan an danna. Ana cikin shirin sayarwa sai wani yaro ya rasu bayan ya shaƙe da irin wannan ɗan makamin na wani abin wasa na kamfanin Mattel, wanda aka yi don shirin talabijin na Battlestar Galactica. Kenner suka fasa, suka liƙe makamin. 'Yan samfuran da suka tsira su ne yau ake kokawa a kansu.

4/
Shi kansa Boba Fett ɗin a talabijin aka fara nuna shi, cikin wani shiri na musamman a Nuwamban 1978, kafin ya shiga fim. Wannan auren na talabijin da kayan wasa kuwa ya daɗe a can. Tun 1950 wani kamfani mai suna Aladdin ya manna hoton Hopalong Cassidy, wani kaboyi na talabijin, a jikin akwatin abincin 'yan makaranta, ya sayar da dubu 600 a shekara guda. A 1955 Mattel ta zuba dala dubu 500 don ta riƙa talla a shirin Mickey Mouse Club duk tsawon shekara, alhali a da sai Kirsimeti ta gabato ake tallar kayan wasa.

5/
Amma inda abin ya juye shi ne shekarun 1980. Da can shiri ake yi, in ya karɓu sai a ƙera abin wasansa. Sai Mattel ta fitar da He-Man a kanti a 1982, sannan aka yi masa katun a 1983, har kashi 130. Wato an haifi ɗa kafin uwa. Hasbro ta bi sahu da Transformers a 1984, ta ɗauko kayan wasan kamfanin Takara na Japan ta raɗa musu sababbin sunaye, ta sa aka rubuta musu labari.

6/
A 1984 ɗin ne, zamanin Reagan, hukumar sadarwar Amurka ta sassauta ƙa'idojin talla a talabijin. Iyaye suka yi ta ƙorafi cewa abin da yara ke kallo talla ce ta rabin awa da aka sa wa rigar labari. Sai 1990 aka yi dokar da ta ƙayyade talla a shirin yara: minti 12 a awa ranakun aiki, minti 10 da rabi a ƙarshen mako.

7/
To yaran da aka yi wa wancan tallar su ne yau suka zama 'yan shekara 45 zuwa 55 masu albashi. Suna sayen ƙuruciyarsu ne da kuɗi. Kuma ga abin dariya: wanda ya fi tsada shi ne wanda ba a taɓa ɓare kwalinsa ba, wato abin wasan da ba yaron da ya taɓa wasa da shi. Ni dai wannan bai taɓa shiga kaina ba.

8/
Yanzu mu dawo gida. Talabijin ta fara a Ibadan a 1959, ta zo Kaduna a 1962, aka haɗe tashoshin ƙasa a ƙarƙashin NTA a 1977. Mu a lokacin 'yan Jihar Kaduna ne, sai 1987 aka ba mu Jihar Katsina. Mu da muka taso a tsakanin nan, Kaduna muke kamowa, in Allah Ya sa iska ba ta juya eriya ba.

9/
Talabijin ɗin unguwarmu guda ce, mai baƙi da fari, batirin mota ake jona mata. Eriya a kan dogon gora. Idan hoto ya fara yayyafi sai a tura yaro ɗaya ya je ya murɗa goran, sauran na ihu "ya yi! ya wuce! dawo baya kaɗan!" Shi mai murɗawa ba ya ganin komai, da kunne yake kallo. Mu kuwa muna zaune a ƙasa, manya a benci.

10/
Me muka kalla? Samanja Mazan Fama na marigayi Usman Baba Pategi, wanda tsohon soja ne da gaske, Allah Ya yi masa rasuwa a Nuwamban 2023. Marigayi Kasimu Yero, wanda ya rasu a 2017, a Karambana da Magana Jari Ce, da kuma Cockcrow at Dawn da aka yi don jan hankalin mutane zuwa noma. Karkuzu daga Jos. Tales by Moonlight ranar Lahadi da yamma. Daga baya Voltron, zakuna biyar na ƙarfe da ke haɗuwa su zama ƙato guda.

11/
Voltron yana da kayan wasansa a kantunan Amurka tun 1984. Mu ba mu ma san ana sayar da su ba. Ko da an kawo irinsu Kingsway ko Leventis a Kaduna, sai ɗan babban ma'aikaci. Bayan SAP ta 1986 naira ta zube, shi ma ɗan ma'aikacin ya dawo layinmu.

12/
Su Samanja kuwa ba wanda ya taɓa ƙera musu komai. Ba hula, ba riga, ba ɗan mutum-mutumi. Ba kamfanin da ya yi tunanin haka. Sai yara suka zama kamfanin da kansu. Wannan shi ne gundarin maganata, don haka bari in daɗe a nan.

13/
Washegarin ranar da aka nuna Samanja, unguwa gaba ɗaya bariki take komawa. Bindiga ta kara, da maɗaurin tsumma a rataya. Hula ta kwalin sukari. Igiyar muƙami a hannun riga da takardar nan mai ƙyalli ta cikin kwalin sigari, a manna da ƙaro. Wanda ya fi kowa iya murtuke fuska da karya Hausa irin ta soja shi ne Samanja, sauran kurata ne, sai fareti har a kira magariba. Ana faɗa a kan wannan muƙami fa, faɗa na gaske.

14/
Akwai kuma talabijin ta kwali. A yanke gaban kwali murabba'i, a manna farar takarda da aka shafa wa man gyaɗa don haske ya ratsa, a sa aci-balbal a baya. A yanko mutane da dawakai da takarda a soke su a tsinke, mai shiri yana ɓoye a baya yana motsa su yana sauya murya. Kuɗin shiga: gyaɗa, ko aya, ko ƙwallon goruba. Mun kira shi majigi, sunan da muka gada daga motar silima ta gwamnati da ke zagaya ƙauyuka tun zamanin Turawa.

15/
Ku lura da abin da ya faru a nan. Yaron Amurka an ba shi labari an kuma sayar masa da abin wasan. Yaron Musawa labarin kawai ya samu, cikin yayyafin hoto, sau ɗaya a mako, ba maimaici. Sauran aikin da ƙwaƙwalwarsa da reza ya ƙarasa. Wanne ne a cikin biyun ya fi gaya maka wani abu game da yaron da zamaninsa?

16/
Sarkin kayan wasan dai ita ce mota, kuma kowace da lokacinta. Motar kara ta kaka ce, bayan an girbe dawa. A zaɓi kara mai kauri wanda ya bushe sosai, a ɓare bayansa da haƙori ko reza, a fitar da totuwar ciki mai laushi. Totuwa ita ce katako, ɓawon da aka tsaga siri-siri shi ne ƙusa. Da su biyun kaɗai ake tayar da bodi, da ƙofa mai buɗewa, da kujerar direba, har da tsani a baya inda kwandasta zai maƙale.

17/
Taya kuma ita ce jarrabawar gwani. Wasu sakaina suke fafewa su goga a dutse har ta zama da'ira. Wasu tsohon silifa suke yankawa, su ɗora gwangwanin tumatir a kai su zana su bi da wuƙa. Mai hali ya samo murafen kwalba ya haɗa biyu-biyu. Idan ramin tsakiya ya kauce ko da kaɗan ne, mota za ta riƙa ɗingishi, kuma za a yi maka dariya har ka koma gida. Ba malamin da ya koya mana cewa da'ira tana da tsakiya, dariyar abokai ce ta koya mana.

18/
Sai motar langa-langa, kuma a nan ne tarihin yankinmu ya shigo. Langa-langa ai ƙarfen nan ne mai faɗi da ake ɗaure dilar auduga da ta tufafi. Mu ƙasar auduga ce, da injinan gurza a Funtua da Malumfashi tun zamanin BCGA. Ƙarfen da ya gama aikinsa a jikin dila shi ne yara ke tsinta su lanƙwasa da dutse su yi shasi, su ɗaure da robar tsohon tib na keke, su ja dogon sitiyari na waya har ƙugu, ta yadda in ka murɗa hannu tayoyin gaba su juya da gaske.

19/
Kuma ba kowace mota ake kwaikwaya ba, sai wadda ido ya gani. Gingimari mai ɗaukar auduga. A-kori-kura ta ranar kasuwa. Fijo 504 ta hakimi ko ta D.O. Tirela mai taya goma sha. Wato in da wani ya ajiye motocin yaran Jikamshi ko Dangani ko Tuge na 1982, da yau ya nuna maka irin motocin da ke bin hanyarmu a shekarar, da abin da suke ɗauka. Da audugar ta ja baya, langa-langa ma ta yi wuya, yara suka koma gwangwani da galan.

20/
Da damina kuwa laka ce. Shanu masu tozo da ƙaho na ƙaya, doki da mahayi, rediyo mai eriyar tsinke. Bayan talabijin ta shigo sai ga akwatin laka mai fuskar fasasshen gilashi.

21/
Ban manta da mata ba, kada yayyena su ci ni tara. 'Yar tsana ta kara ko ta ƙashi, a yi mata kitso da zare, a ɗaura mata ƙyallen da aka roƙo wajen tela, a sa mata tsakiya a wuya. Har biki ake yi mata, da kayan ɗaki na murafen kwalba da 'yan tukwanen laka, da gara, da rakiyar amarya. Duk wanda yake son ya san yadda ake aure a ƙasar Katsina shekara 40 baya, bikin 'yar tsana zai nuna masa tsarin daki-daki, don yara ba sa tsallake komai.

22/
Yanzu tambaya: ina ko guda ɗaya daga cikin waɗannan? Ni dai duk gidan da na tambaya a cikin dangi, babu. Motar kara in ta kwana uku a tsakar gida, ko akuya ta ci, ko gara ta shiga, ko inna ta hura wuta da ita. Ta laka ruwan farko ya narkar. Ta langa-langa da tsohuwar talabijin ɗin kanta, 'yan gwangwan sun auna a sikeli sun biya kuɗin da bai kai na kwanon gari ba.

23/
Shirye-shiryen ma haka. Je ka nemi Samanja na farko-farko cikakke. Abin da za ka tarar a YouTube guntaye ne da wani bawan Allah ya kwafa daga tsohon kaset. Tashoshi a duniya sun sha goge faifai su ɗora sabon shiri a kai don tsimi, BBC kanta ta yi haka. Abin da zai ba ku mamaki: a 2013 aka sanar da gano kashi 9 na shirin Doctor Who da BBC ta ɗauka sun ɓace har abada. A ina? A ɗakin ajiyar wata tashar talabijin a Jos. Wani Bature mai suna Philip Morris ne ya bi sawu har ya tono su.

24/
Mun adana wa Ingila nata shekara da shekaru ba mu ma sani ba. Mutum ya taso daga wata ƙasa don faifan shirin yarintarsa. Mu waye ya taɓa hawa mota daga Katsina zuwa Kaduna don ya tambayi inda faifan Karambana yake?

25/
Na san abin da wasu za su ce, don an faɗa mini a ido: malam, mutane ba sa iya zuwa gona, ana kwashe jama'a a Musawa da Matazu da Kankara, kai kana maganar motar kara? Maganar tana da nauyi, ba zan yi mata dariya ba. Duk wanda ke nan a Disambar 2020 lokacin da aka kwashe ɗaliban Kankara ya san ba abin da ya kai tsaro.

26/
Amma ku duba abin da rashin tsaron ya ci ban da rayuka da dukiya. Wannan sana'ar ta yara ba a littafi take ba. Ɗan shekara 12 ne ke koya wa ɗan shekara 8, a gindin bishiya, a bakin gona, a dandali da farin wata. Idan ƙauye ya watse, aka koma zaman haya a gari ko gidan dangi, aka hana yara fita bayan magariba, sarƙar ta tsinke. Zuriyar yara guda ɗaya ta isa, shekara biyar ko shida. Ba sai an jira tsaro ya dawo ba za a fara, don masu iyawar suna tsufa, wasu suna barin garin.

27/
Wasu kuma za su kawo maganar mutum-mutumi. Wannan fagen malamai ne, ba nawa ba. Abin da na sani shi ne ya tabbata a Bukhari da Muslim cewa Nana A'isha, Allah Ya ƙara mata yarda, ta yi wasa da 'yan tsana, kuma malamai da dama sun yi sauƙi a kan kayan wasan yara saboda haka. Ballantana mota da rediyo da bindigar kara, waɗanda ba su da siffar mai rai.

28/
Na uku su ne masu cewa ai talauci ne ya sa muka yi motar kara, me za a yi alfahari da shi? E, talauci na ciki. Da an ba mu ta kanti da gudu za mu karɓa, ƙarya ne a ce ba haka ba. Amma gidan tarihi ba wurin alfahari kaɗai ba ne, wurin shaida ne. A Rochester ta Amurka akwai gidan tarihin wasa mai suna The Strong, suna da jerin kayan wasan da suka karrama. A 2005 suka sa kwali a ciki. A 2008 suka sa sanda. Sanda fa, wadda ake tsinta a ƙasa. Masu He-Man da Barbie ba su ji kunyar wannan ba.

29/
A Malawi irin motarmu ta waya galimoto suke ce mata, har an yi littafin yara da sunan a 1990, ana karanta shi a makarantun Amurka. Tamu ba ta gaza tasu ba ko kaɗan.

30/
Yau je ka kasuwa ana jibi Sallah. Bindigar roba mai ƙara, tabarau mai kala, mota mai batir da za ta mutu kafin a gama yawon Sallah, jakar makaranta mai hoton Ben 10 ko Spider-Man. Duk daga Sin, ta Legas ko Kano. Ban ce a hana yara ba, ni ma ina saya wa nawa, in ban saya ba ba zaman lafiya a gidan. Abin da ke damuna shi ne yanzu mun karɓi tsarin Amurka ɗin nan na 1983 gaba ɗayansa, labarin na wasu, robar ta wasu, ribar ta wasu, yaron kuma ba abin da ya rage masa ya ƙera.

31/
An ɗan yi yunƙuri a ƙasar nan. Taofick Okoya ya fara 'yan tsanan Queens of Africa a Legas a 2007, har da mai suna Azeezah. Adamu Waziri ya fito da katun ɗin Bino and Fino a Abuja. Sesame Square ya fara a NTA a 2011 da Kami da Zobi, daga baya aka yi na Hausa, Dandalin Sesame. Amma Kannywood, da duk yawan finafinanta, da Arewa24 da ke kan iska tun 2014, har yau ban ga wani tauraron yara na Hausa da yaro zai kwana yana mafarkinsa ba. Marigayi Ibro ne ya fi kusa, shi ma ba don yara aka yi shi ba, yaran ne suka ƙwace shi.

32/
Kuma in za a yi, ni ba na goyon bayan a kwafo salon He-Man, a yi shiri don kawai a sayar da roba. Na fi son shirin da zai ƙare yaro ya tashi yana neman kara da reza. A ɗauko dattijo ɗaya daga Malumfashi ko Bakori, a zaunar da shi gaban kyamara minti 15 yana haɗa gingimari daga farko har ta tashi. Kuɗin yin wannan bai kai na waƙa ɗaya a fim ba.

33/
To me ake nufi da tarawa a wajenmu, tunda na asalin sun riga sun tafi? Tarawarmu ba za ta yi kama da ta masu gwanjo ba. Mutanen da suka iya suna nan da ransu: wannan direban tirela ne yanzu, wancan makaniki a Funtua, wancan malamin firamare, wancan kafinta. (Ku bincika ku gani, da yawan gwanayen motar langa-langa a ƙarfe ko katako suka ƙare. Ba na jin haɗari ne.) A sa kowannensu ya sake yin irin wadda ya yi yana yaro, a ɗauka da waya, a rubuta sunansa da garinsu da shekarar da yake tunawa, da sunan kowane ɓangare yadda suke faɗinsa.

34/
Sunayen nan su ne suka fi saurin mutuwa. Ku tambayi ɗan shekara 10 a Katsina ko Kano mece ce totuwa, ko sakaina, ko sille. Ku tambaye shi gare-gare. Kalma tana rayuwa ne muddin hannu yana taɓa abin da take nufi.

35/
Ajiyar ma ba wuya gare ta ba kamar yadda ake zato. Abokan gabar kara su ne danshi da gara da ɓera. Kabad mai gilashi, nesa da bango da ƙasa, a ɗaki mai iska, a riƙa dubawa. Ta laka a gasa ta kamar yadda masu ginin tukwane ke yi. Ta ƙarfe a goge tsatsa a shafa ɗan mai. Kabad ɗaya a ɗakin karatu na sakandare ɗaya ya isa a fara.

36/
Muna da gidan tarihi na ƙasa a Katsina, a tsohon ginin Kwalejin Katsina inda su Sardauna da Tafawa Balewa suka yi karatu. Akwai Gidan Makama a Kano, akwai Arewa House a Kaduna. Tarihin sarakai da yaƙi da Turawa yana da masu kula da shi, kuma ya dace. Tarihin yaron talaka ne ba shi da uba. A Landan gidan tarihi guda aka ware wa ƙuruciya a Bethnal Green, aka sake buɗe shi a 2023 da sunan Young V&A.

37/
Kuma a 2023 ɗin nan aka naɗa Hannatu Musa Musawa ministar al'adu, hukumar gidajen tarihi ta ƙasa tana ƙarƙashin ma'aikatar. Sunan garinmu ne a jikin sunanta. Ana ta ƙoƙarin dawo da tagullan Benin daga Turai, abu ne mai kyau, ina goyon baya. Roƙona ƙarami ne a kan wancan: kusurwa ɗaya a gidan tarihin Katsina, da umarnin a shiga ɗakunan ajiyar tashoshin Kaduna da Kano da Jos da Sakkwato a ƙirga faifan da suka rage, a juye su a kwamfuta kafin zafi da ƙura su gama da su.

38/
Gargaɗi ɗaya. Ranar da wannan abu ya fara kuɗi, za a ga masu yin sabuwa su shafa mata ƙasa su ce ta 1975 ce, kamar yadda ake yi wa baƙi masu yawon buɗe ido da wasu kayan gargajiya. Shi ya sa na nace a kan rubutu: wa ya yi, a ina, yaushe. Sabuwar mota da aka rubuta gaskiyarta ta fi tsohuwar da ba a san mai ita ba amfani ga mai bincike.

39/
Ba sai mun jira Abuja ba. Kaka na zuwa, kara zai cika gonaki. Shugabannin firamare na Musawa da Matazu da Malumfashi za su iya sa gasa ta rana ɗaya: uba da ɗa, ko kaka da jika, su haɗa mota ɗaya tare, uwa da 'ya su yi 'yar tsana da kayan ɗakinta. Wadda ta yi nasara ta shiga kabad da takardarta. Kyautar ko sabulu da littafin rubutu ne ta wadatar.

40/
Kafin nan, wanda ke da tsohon hoto da abin wasa ya fito a ciki, ko kaset na Samanja ko Karkuzu ko Karambana da aka naɗa a gida, kada ya ba 'yan gwangwan, kada kuma ya sa shi a tsohuwar na'ura ta cinye zaren. Ya ɗauki hotonsa ya ajiye a ƙarƙashin zaren nan, ya rubuta gari da shekara. Ku kuma gaya mini da me kuke yin taya a garinku, don an ce mini mutanen wajen Dutsin-ma da ƙwallon goruba suke yi, ina so in ji yadda suke huda shi.